Filin Tambayi Likita: Me ƙwayar cuta ke ɓatawa idan ta shiga jiki?

Wasiƙun wannan wata, daga Yamai har Cintabaraden, gindinsu ɗaya: me ƙwayar cuta ke lalatawa a cikin jiki, kuma don me wani lokaci a kashe ta amma ɓarnar ta ƙi tafiya? Kafin mu buɗe ta farko sai mun raba gardama a kan kalma. Bahaushe ya ɗora wa "ƙwaya" kaya uku: ta cuta, ta magani, ta halitta. A nan, in mun ce ƙwayar halitta, muna nufin ƴan mitsi-mitsin ɗakuna masu rai waɗanda da su aka gina fata da hanji da hanta da ƙwaƙwalwa, kamar yadda ake tada gini da tubali. Masu kawo cutar kuwa za mu kira kowa da sunansa, bakteriya da birus.

Tambaya: Tun shigowar hunturu mura ta kama ni da yarana biyu. Na je gidan likita, majo ya rubuta mana farasitamol kaɗai, ya ce kada in kuskura in sayi amoksisilin. Maƙwabcina kuwa da ita yake korar murarsa kullum. Rowar magani ce ko da dalili?
Wani magidanci, Bukoki, Yamai

Amsa: Da dalili, Malam, kuma majon ya kyauta maka. Bakteriya halitta ce mai zaman kanta. Tana ci, tana girma, tana rabewa gida biyu, wasu cikin minti 20 zuwa 30 in sun samu wuri mai daɗi. Sai an jera kamar dubu kafin su cika milimita ɗaya. Tana da katanga mai tauri da ta kewaye ta, kuma aikin amoksisilin shi ne hana ginin katangar. Bakteriya ta zo rabewa, ba katanga, ruwa ya shige ta, ta kumbura ta fashe. Ƙwayoyin halittarmu ba su da irin wannan katanga, shi ya sa maganin ke wuce su.

Birus ba ya ci, ba ya sha, ba ya da katangar da za a rushe, ya kuma fi bakteriya ƙanƙanta sau goma zuwa sau ɗari. Ɗan rubutaccen umarni ne a naɗe cikin kwanso. Sai ya samu ƙwayar halittar da kwadonta ya dace da makullinsa, ya manne, ya shige, ya tuɓe kwanson, ya miƙa umarninsa ga injinan ɗakin, su bar aikin mai gida su koma ƙera masa ƴaƴa. Birus ɗin shan inna gwani ne a wannan fashi. Yana da wani furotin mai aikin almakashi da ke datse hanyar da ƙwayar halitta ke karanta nata umarnin, cikin kamar awa 8 ɗakin ya cika da dubban sababbin birus ya tarwatse. In ɗakin na jijiyar laka ne mai motsa ƙafa, ba ya sake tsirowa. Shanyewar ke nan.

Murar yau da kullum birus ne ke kawo ta, kuma ɓarnarsa kaɗan ce. Majina da toshewar hanci da atishawa yawancinsu aikin jikinka ne, hanyoyin jini na hanci sun buɗe, ruwa na tsatsowa yana wanke wurin. Kwana 7 zuwa 10 ta wuce, a sha amoksisilin ko kada a sha. Maƙwabcinka yana ba maganin ladan aikin da kwanaki suka yi. Abin da kuɗinsa suka saya masa shi ne kashe bakteriya masu amfani na hanjinsa, da horar da waɗanda suka tsira su daina jin maganin ranar da za a nemi taimakonsa da gaske.

Ranar kuwa takan zo. Mura mai zafi, wadda ake kira girif, tana saɓule ƙwayoyin halitta masu ƴan gashi da ke share hanyar numfashi. In tsintsiya ta tafi, bakteriyar da ke zaune lafiya a hanci, musamman numokok, sai ta gangara huhu, ta saki dafin da ke huda ƙwayoyin halitta kamar an bi salka da basilla, jakunkunan iska su cika da ruwa da mugunya. Wannan ne ciwon haƙarƙari, kuma a nan amoksisilin magani ce. Ga yadda za ka gane a gida: yaro na kwance shiru, ka ɗaga rigarsa, ka ƙirga numfashinsa minti ɗaya cif da agogon salula. In ya kai 60 ga jaririn da bai cika wata 2 ba, ko 50 ga ɗan wata 2 zuwa 11, ko 40 ga ɗan shekara 1 zuwa 5, a koma likita a ranar. Haka ma in ƙasan ƙirjinsa na lotsawa sa'ad da ya ja iska, ko zazzaɓi ya sauka ya sake dawowa, ko ya ƙi nono.

Tambaya: Ina sayar da abinci a bakin tasha. A damanar 2021, da amai da zawo ya shigo, na ga ƙato ya ci tuwo da safe, kafin la'asar an ɗauke shi a amalanke ba ya iya ɗaga kai. Cutar cinye hanji take yi? Kuma ta yaya ruwan gishiri da sukari zai zama magani, bayan duk abin da mutum ya sha fita yake yi?
Wata mai abinci, Birnin Ƙwanni

Amsa: Hajiya, abin mamakin kwalara shi ne ba ta cin hanji ko kaɗan. In aka duba fatar hanjin mai kwalara a madubin likita, ba gyambo, ba jini. Bakteriyar ko cikin jini ba ta shiga, a kan fatar ƙaramin hanji take maƙalewa ta yi ta zubo dafi. Dafin gaɓa shida gare shi: biyar sun yi zobe suna riƙe jikin ƙwayar halitta, ta shida ta kutsa ciki. Can ciki akwai wani makunni mai buɗe ƙofar gishiri ya rufe gwargwadon buƙata. Dafin sai ya maƙale shi a buɗe, kamar famfon da kansa ya tsinke. Gishiri ya yi ta kwarara cikin hanji, ruwan jiki ya bi shi, har babban mutum ya iya zubar da lita guda cikin awa ɗaya. Zawon fari ne tsululu, kamar ruwan wankin shinkafa. Jini ya yi kauri, ƙoda ta daina fitsari, idanu su faɗa, murya ta dushe, ƴan yatsu su yamushe kamar na wadda ta yini wanki. In kika ja fatar cikinsa kika saki, sai ta tsaya a tattare. Murɗewar ƙwauri da suke kuka da ita daga asarar gishirin fotasiyom take.

To amma ƙwayar halittar hanji tana da wata ƙofa ta biyu wadda dafin bai san da ita ba. Wannan ta shigarwa ce, kuma ba ta buɗewa sai gishiri da sukari sun zo tare. In suka shige, ruwa ya bi bayansu zuwa jini. Saboda haka zawo na fita ta can, ruwa na shiga ta nan, kuma muddin mai shiga ya fi mai fita, mutum na raye. A 1971, a wani sansanin ƴan gudun hijirar yaƙin Bangaladash da ke Indiya, ruwan ƙari ya ƙare wa wani likita mai suna Dilip Mahalanabis, ya koma shayar da mutane wannan haɗi. Mace-mace suka sauko daga kusan kashi 30 cikin ɗari zuwa ƙasa da kashi 4.

Awo ne kan gaba. Fakiti ɗaya na SRO, wato haɗaɗɗen garin gishiri da sukari, a lita ɗaya ta ruwa mai tsabta, kada a zuba shi a rabin lita wai don ya yi ƙarfi. In ba fakiti: ƙaramin cokalin shayi shida na sukari, a shafe bakinsu, da rabin ƙaramin cokalin na gishiri, a lita ɗaya. Kwalbar ruwan nan mai lita ɗaya da rabi, kashi biyu cikin uku nata lita ce. Sukari ya yi yawa, shi da kansa zai janyo ruwa cikin hanji, abin da ya sa lemun kwalba ke ƙara zawo. Gishiri ya yi yawa, yaro na iya shiga jijjiga. Bayan kowane zawo, yaron da bai kai shekara 2 ba a ba shi mililita 50 zuwa 100, ɗan shekara 2 zuwa 9 mililita 100 zuwa 200, babba iya shansa. Ya yi amai, a dakata minti 10, a ci gaba cokali-cokali. Abin da ya kwana ya yini a zubar a haɗa sabo. Yara a ƙara musu zinki kwana 10 zuwa 14.

Wanda ya kai matsayin mutumin da kika gani, ba ya iya haɗiya, sai ƙarin ruwan Ringa ta jijiya, kimanin mililita 100 ga kowane kilo na nauyinsa cikin awa 3. Kuma a riƙa ɗura masa SRO tun a kan hanya in yana iya sha. Maganin kashe bakteriyar yana rage kwanakin zawo, amma ruwa ne ke ceton rai. Fatar hanji tana sabunta kanta cikin kwana 3 zuwa 5, ƙwayoyin da dafi ya kama su zube, sababbi su hau. Wanda aka riƙe da ruwa har zuwa lokacin yakan tashi garau.

Tambaya: Ɗana mai shekara shida ya yi sanƙarau cikin bazarar bana. An zuƙi ruwa a bayansa, aka yi kwana biyar ana masa allura. Ya tashi, alhamdu lillahi, amma ko an kira sunansa ba ya waiwayowa. Dangin ubansa sun ce ruwan da aka zuƙa ne, wasu sun ce allurar ce ta kurmantar da shi. Ni ce na matsa aka kai shi likita, yanzu ni ake kallo.
Wata uwa, Yamai

Amsa: Malama, Allah ya ƙara masa lafiya. Ki cire wannan nauyi daga ranki. Kai shi da kika yi ne ya sa yau ake maganar kunnensa, shi yana raye.

Bakteriyar sanƙarau, meningokok, tana zaune a maƙogwaron kusan mutum ɗaya cikin goma ba tare da ta yi musu komai ba. Ƙasarmu na tsakiyar yankin da wani likitan sojan Faransa, Lapeyssonnie, ya zana a 1963, wanda ya miƙe daga Senegal zuwa Habasha, inda cutar ke tashi tsakanin Disamba da Yuni. Busasshiyar iska da ƙura suna tsattsaga fatar cikin hanci, bakteriyar ta samu kafa ta faɗa jini. Tana sanye da riga mai santsi ta wani irin sukari, wadda ke hana fararen ƙwayoyin jini damƙe ta. Bambancin rigar ne ake kira A, C, W, X, Y. Da wasu ƴan zarurruka take kama bangon hanyoyin jini, ta ratsa zuwa ruwan da ƙwaƙwalwa da laka ke kwance a ciki. Wurin nan masu gadi kaɗan ne, sai ta yi ta hayayyafa.

Daga nan mafi yawan ɓarnar, jikin yaron ne ke yin ta da hannunsa. Bakteriyar na zubar da ɓarɓashin fatarta mai dafi, jiki ya ji, ya buga gangar yaƙi. Fararen ƙwayoyin jini su yi tururuwa zuwa wurin, su yi ta watsa sinadarai masu ƙuna waɗanda ba su bambanta baƙo da ɗan gida. Mayafin ƙwaƙwalwa ya kumbura, wuya ya sanƙare. Ƙwaƙwalwa ita ma ta kumbura, ga ƙoƙon kai ba ya miƙewa, ƙananan hanyoyin jini su matse, wasu su toshe. Akwai wata siririyar hanya da ta haɗa ruwan ƙwaƙwalwa da can cikin kunne, inda wani ƙashi mai siffar dodon koɗi ke ɗauke da ƙwayoyin halitta masu gashi, kimanin dubu 15 a kowane kunne. Su ne ke mayar da sauti saƙo. Kumburi ya isa can, su mutu, kuma a jikin ɗan Adam ba su sake tsirowa. Wannan yakan faru tun a kwana na farko ko na biyu na ciwon, sau da yawa kafin a ɗaura allurar farko. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce cikin masu sanƙarau na bakteriya kusan ɗaya cikin shida ke rasuwa, ɗaya cikin biyar kuma na tashi da tabo: kurumta, farfaɗiya, raunin gaɓa ko wahalar karatu.

Batun zuƙar ruwa: ana soka allurar a ƙasan baya, ƙasa da inda laka ta ƙare, a ɗibi abin da bai wuce ƙaramin cokali ba. Jikin babba na yin kusan rabin lita na wannan ruwa kowace rana, kafin a jima ya mayar da abin da aka ɗiba. Na mai lafiya garai yake kamar ruwan sama, na mai sanƙarau kuwa gurɓatacce kamar farau-farau. Da shi ake gane cutar, a aika wani zuwa CERMES, cibiyar binciken lafiya ta nan Yamai, a tantance irin rigar, don a san rigakafin da za a nema. Allurar da ake yi kwana biyar lokacin annoba seftiriyakson ce, miligiram 100 ga kowane kilo sau ɗaya a rana, kuma ba ta cikin magungunan da ke taɓa ji. Gaskiya ne akwai masu taɓawa, irin su jantamisin da sitireftomisin in an wuce ƙima, don haka zargin dangi ba daga sama ya faɗo ba, sun dai ɗora shi inda bai dace ba.

Abin yi yanzu: a kai shi sashen kunne da hanci da maƙogwaro, ORL, a auna jinsa cikin makonnin nan, kada a ce sai ya ƙara murmurewa. Bayan sanƙarau ƙashi kan fara tsirowa cikin dodon koɗin nan ya cike shi, kuma in ya cike, hanyoyin taimako na raguwa. Wani yaron kunne ɗaya ne ya tafi, wani da saura wanda na'urar ji za ta ɗaga. Ki ci gaba da yi masa magana kina fuskantarsa, don ɗan shekara shida ya riga ya iya magana, kada ta zube. A Yamai akwai makarantar kurame in buƙata ta kai can.

Sauran yaran gida a duba katinsu. Rigakafin MenAfriVac da aka fara a Nijar da Mali da Burkina Faso a 2010 ya karya lagon nau'in A, amma shi kaɗai yake tarewa. Annobar 2015, wadda ta kama mutum fiye da 8,000 ta kashe fiye da 500 a ƙasar nan, nau'in C ce. Sabon rigakafi mai tare nau'i biyar ya fara aiki a 2024. Alamar da ba a kwana da ita: zazzaɓi da ciwon kai da amai, ko maɗigar jariri ta kumbura, ko ɗige-ɗigen jini a fata. A baƙar fata a neme su a tafin hannu, tafin ƙafa da cikin fatar ido.

Tambaya: Na lura yaran ajina da suka yi dusa sukan daɗe suna laulayi bayan ƙurajen sun bushe: yau zawo, gobe tari, jibi kunne na ruwa. Cutar ce ba ta fita duka ba?
Wani malamin makaranta, Tawa

Amsa: Malam, idonka ya ga daidai. Birus ɗin dusa, wato ƙyanda, makullinsa na buɗe ƙofar fararen ƙwayoyin jini, musamman masu riƙe tarihin cututtukan da yaro ya taɓa yi ko aka yi masa rigakafinsu. Ya shiga ya kashe da yawa daga cikinsu. Binciken da aka buga a 2019 ya nuna yaro na iya rasa daga kashi 11 har zuwa 73 cikin ɗari na nau'o'in garkuwar da ya tara. Birus ɗin ya tafi, amma ya ƙone kundin ajiya, jiki sai ya sake koyon abokan gabansa ɗaya bayan ɗaya, abin da kan ɗauki watanni har shekaru. A huhu kuma wata ɓarna yake yi: yana narkar da bangon da ke tsakanin ƙwayoyin halitta maƙwabta, su haɗe su zama ƙaton ɗaki ɗaya marar amfani.

Ƙurajen da iyaye ke jira su "fito" alamar garkuwar jiki ce tana kai wa birus hari a fata. Rufe yaro a ɗaki da hana shi ruwa da wanka ba ya fito da komai. Dusa na cinye bitamin A na jiki, ido ya bushe, baƙinsa ya yi gyambo, yaro ya makance. Shi ya sa ake ba da bitamin A sau biyu, yau da gobe: awo 50,000 ga wanda bai kai wata 6 ba, 100,000 ga ɗan wata 6 zuwa 11, 200,000 daga shekara ɗaya. Kada a ɗiga ruwan ganye ko a sa kwalli a idon. A riƙa duba bakinsa kuma, domin noma, ciwon nan mai cin kumatu, ya fi samun yaro mai tamowa da ya fito daga dusa, kuma da ɗan gyambon dasashi mai wari yake farawa. Mai dusa ɗaya na iya harbin mutum 12 zuwa 18 a cikin marasa rigakafi, birus ɗin na jimawa har awa 2 a iskar aji bayan yaron ya fita. Rigakafin dusa allura biyu ce, ta wata 9 da ta shekara ta biyu, kuma ta biyun ce iyaye suka fi mantawa.

Tambaya: Na je ba da jini aka ce ina da ciwon hanta nau'in B. Ni kuwa ko ciwon kai ba na yi, idona bai taɓa yin shawara ba. Aurena saura wata uku. In fara shan sassaƙe?
Wani saurayi, Harobanda, Yamai

Amsa: Samari, ajiye sassaƙen tukuna. Wannan birus baƙo ne mai ladabi: yana zama cikin ƙwayar halittar hanta, yana haihuwa, ba ya fasa ɗakin. Masu fasawa sojojin jikinka ne, in suka gane ɗakin da baƙo a ciki sai su kashe shi gaba ɗaya. Babban mutum in ya kamu, yaƙin kan yi zafi, wani har ya yi shawara, amma fiye da kashi 95 cikin ɗari suna korar birus ɗin. Jariri kuwa garkuwarsa ba ta ɗauke shi baƙo ba, kusan tara cikin goma suna riƙe shi har girma. Yawancin masu irin sakamakonka a ƙasashenmu tun suna ƙanana suka samo shi, wajen haihuwa ko ta askar da ta taɓa jinin wani: kaciya, tsaga, cire beli, ƙaho. Birus ɗin na rayuwa har kwana 7 a busasshen jini.

Haɗarin yana cikin yaƙin da ba ya ci ba ya cinyewa. Shekara da shekaru ana kashe ƙwayoyin hanta kaɗan-kaɗan, tana cike gurbin da tabo, har ta taurare ta yi gudaji, jini ya kasa ratsa ta, ciki ya tara ruwa. Hanta ba ta kuka da wuri, shi ya sa kake jin garau. Ban da haka birus ɗin kan cusa guntun umarninsa cikin kundin gadon ƙwayar halitta, wanda kan buɗe ƙofar kansar hanta. Kimanin ɗaya cikin huɗu na waɗanda suka kamu tun ƙuruciya suna kaiwa ga ɗayan biyun nan in ba a bi su ba. Abu biyu ke ƙara wa wutar mai: giya, da dafin fumfuna da ke cikin gyaɗa da masarar da aka adana da danshi. Gyaɗar da ta yi ɗaci ko ta canza launi a tofar, a kuma kula da inda ake sayen ƙuli-ƙuli. Sassaƙen da ba a san awonsa ba, hantar nan dai ita za ta tace shi.

Ka ga likitan hanta. Za a maimaita gwajin bayan wata 6 don tabbatar da ya zauna, a auna taransaminaz, sinadarin da ke tsiyayowa cikin jini in ƙwayoyin hanta na fashewa, a auna yawan birus, a yi eko, wato hoton ciki. Ba kowa ake sa wa magani ba. Wanda ya cancanta, tenofobir ne miligiram 300 sau ɗaya a rana. Yana hana birus haihuwa amma ba ya goge ainihin kwafin da ke ɓoye a tsakiyar ƙwayar halitta, don haka mai dainawa da kansa birus kan taso masa gaba ɗaya, garkuwa ta afka wa hanta da ƙarfin da zai iya kashe shi. Aure ba ya fasuwa saboda wannan. A gwada amarya, in ba ta da shi a fara mata rigakafi allura uku tun yanzu. Cin abinci a kwano ɗaya ba ya yaɗa shi. Duk ɗan da kuka haifa a nemi allurar farko cikin awa 24.

Tambaya: Ƴar ƙanwata ta yi mashaƙo, maƙogwaro ya warke, bayan mako biyu zuciya ta buga ta rasu. Ina haɗin wuya da zuciya?
Wata Hajiya, Madawa

Amsa: Allah ya ba ku haƙuri, Hajiya. Bakteriyar na zaune a maƙogwaro, dafinta ne ke bin jini. In ya shiga ƙwayar halitta sai ya kashe injin da ke ƙera furotin, kuma ƙwara ɗaya tak ta dafin ta isa ta kashe ɗaki guda. Farin yaɓen nan mai kauri da ke toshe wuya gawar ƙwayoyin halitta ce da jini. Naman zuciya na cikin masu saurin kama dafin, kuma rauninsa kan bayyana mako ɗaya zuwa biyu bayan an ga kamar an warke. Jijiyoyi ma haka, sai ruwa ya riƙa fitowa yaro ta hanci in ya sha. Maganin karya dafi, wanda ake samowa daga jinin doki, dafin da ke yawo a jini kaɗai yake kamawa, wanda ya riga ya shige ɗaki ya fi ƙarfinsa. Don haka ake yin sa ranar da aka yi zato, ba a jiran sakamakon gwaji, a haɗa da kwana 14 na maganin kashe bakteriya, yaro kuma ya kwanta ya huta ko da ya ce ya ji sauƙi. Cutar ta sake ɗagowa a Nijar a 2023. Rigakafinta na cikin allurar jarirai ta Penta, ta mako 6, 10 da 14.

Tambaya: Shekarar da tumakinmu suka yi ta ɓari, mutane ma sun mutu, wasu ganinsu ya ragu. In ta sake dawowa me za mu yi?
Wani makiyayi, Cintabaraden

Amsa: Baba, zazzaɓin kwarin Rift kake nufi, wanda ya ɓulla wajenku a damanar 2016, mutum fiye da 30 suka rasu. A Kenya aka fara gane shi a 1931. Sauro ke ɗaukar birus ɗin tsakanin dabbobi, kuma ƙwan wani irin sauro kan jure fari a bakin tabki ya ƙyanƙyashe in ruwa ya yi yawa. In birus ɗin ya shiga ƙwayar halitta, abin da yake fara yi shi ne toshe mata baki, ya hana ta aika saƙon neman agaji ga maƙwabta, sannan ya cinye ta. Hanta da mahaifa ya fi so. Shi ya sa kusan duk tunkiya mai ciki ke ɓari, ƴan raguna sababbin haihuwa kuma tara cikin goma ke mutuwa, hantarsu ta yi laushi ta canza launi.

Mutum ya fi kamuwa ta hannunsa: jan ɗan tayi, taɓa mabiyiya, yanka da fiɗa, shan ɗanyen nono. Yawanci zazzaɓin ƴan kwanaki ne ya wuce. Kaɗan ne ke kai ga zubar jini, saboda hantar da ke ƙera sinadaran daskarar da jini ta lalace. Wasu kuma bayan mako ɗaya zuwa uku ganinsu ya dushe, birus ya taɓa bayan ido. In ɓari ya yi yawa a garke lokaci ɗaya, a sanar da ma'aikatan dabbobi a ranar. Kada a yanka marar lafiya don a ci. Ɗan tayi da mabiyiya a ɗauke su da safar roba, ko a zura hannu cikin leda biyu, a binne da zurfi inda kare ba zai tono ba. Nono a tafasa. Mai zazzaɓi a lokacin ya sha farasitamol a kai shi likita, ban da asfirin da ibufurofen, don suna ƙara zubar jini.